Tsibirin da Ke Cin Magana

Tun kogin Kwara bai san gada ba, akwai wani tsibiri da ake kira Shalanga, wanda ba ya zama wuri ɗaya. Yawo yake yi a tsakiyar teku da dutsensa da dajinsa da mutanensa, sai damina ta ja jiki ya matso inda kogi ke zuba, ya sha ruwan daɗi, ya ƙara gaba. Masu jirage sun san shi, sun kuma san halinsa: magana yake ci. Duk wanda ya kwana biyu a cikinsa, iskar wurin za ta riƙa tsince masa kalmomi kamar yadda kaza ke tsince tsaba, har ya wayi gari bai san sunansa ba, balle hanyar garinsu.

Can Ilyasu ya maƙale. Shi ne ɗan farin Gwamma, wata dattijuwa mai bandar kifi a Tungar Maje, ƙasar Yawuri. Ya gangara kogi fatauci, guguwa ta ja jirginsu cikin teku ta farfasa shi a bakin Shalanga. Abokin tafiyarsa Nomau ya samu ya tsere kafin tsibirin ya tashi, ya iso gida a rame, ya durƙusa a gaban Gwamma.

"Inna, yana nan da ransa, amma da na baro shi ko gaisuwa ba ya iya haɗawa. Aljanun wurin sun ce ba mai fito da mutum sai wadda ta haife shi."

Gwamma ba ta ɗago kai ba. Ta juya kifin da ke kan wuta, ta ce, "To, Allah ya kyauta. Ka sha ruwa kuwa?"

Maƙwabta suka shiga taɓe baki, wai wannan mata zuciyarta dutse ce. Ba su san ta ba ne. Gwamma irin matan zamanin da ce, kunyar ɗan fari a wurinta har ta wuce gona da iri. Tun da aka yaye Ilyasu ta miƙa shi ga Tabawa, yayar mijinta. Ba ta taɓa faɗin sunansa ba, ba ta taɓa duban tsakiyar idonsa ba, ko takwaransa ta gamu da shi a kasuwa sai ta ce "mai sunan wani". Yanzu Tabawa ta rasu, miji ya rasu, ba wanda za ta laɓe a bayansa. Son yaron nan kuwa yana cin ta kamar wutar ƙaiƙayi, ba hayaƙi, sai ci.

Washegari ta ƙulle guzurinta na fura da kyafaffen kifi, ta ce wa maƙwabciyarta za ta je sayen gishiri. Kowa ya san akwai gishiri a kasuwar Tunga, amma ba wanda ya tanka mata.

Daga wannan kwalekwale zuwa wancan ta yi ta gangarawa. Ta wuce inda kogi ke dukan duwatsu yana kumfa, ta wuce garuruwan da ba a jin Hausa sai da hannu, ta shiga inda itatuwa ke tsaye da ƙafafu cikin ruwa, har ranar da ta ɗebi ruwa ta kurɓa ta ji ɗanɗanon gishiri. Mai jirgin ƙarshe ya ajiye ta a kan wani tudun yashi, ya juya ko waiwaye babu.

Can cikin ruwa, inda babban jirgi zai nutse, wani aljani na tsaye ruwan bai kai masa gwiwa ba. Jikinsa na mutum, ƙafafunsa da wuyansa na zalɓe, yana riƙe da igiyar wani masaki mai girman ɗaki.

Gwamma ta gyara mayafi ta rusuna. "Salama gare ka, mai tsayuwa inda jirage ke nutsewa."

"Salama gare ki, 'yar Adam mai warin hayaƙi. Ni ne Dogon Zalɓe, mai fiton Shalanga. An ce abin da ya koro ɓera ya faɗa wuta ya fi wutar zafi. Me ya koro ki?"

"Wani na zo nema."

"Wane ne shi a wurinki?"

Ta duƙar da kai. "Wani ne dai, na can gidanmu."

Aljanin ya lanƙwaso dogon wuyansa ya dube ta da ido ɗaya. "Na yi fiton uwaye masu ihu, na yi fiton masu yaga tufafi. Yau ga mai neman wani na can gidansu. Shiga, Allah ya sa wanin ya san ki."

Ta shiga masakin, ya ja ta yana takawa cikin teku kamar mai ratsa gonar shinkafa. Ba a jima ba tsibirin ya fito daga hazo, kore shar, da hayaƙi siriri a samansa.

"Ki buɗe kunne," in ji Zalɓe, "don ba na maimaita magana, a nan tsada gare ta. Shalanga kamar ƙoƙon da aka kifa yake. Tsakiya dutse mai hayaƙi, can Magajiya take, ita ke mulki. Kewaye da dutsen daji ne, kewaye da dajin gaɓa. Gabas baƙin yashi ne, kada ki taka shi da rana tsaka, ƙwai yake dafawa. Yamma fadamun gishiri. Arewa ba a zuwa, kudu kuwa ana zuwa, dawowar ce babu. In iska ta taso ki rufe bakinki da mayafi. Kada ki sha ruwan da ba ki ga fuskarki a ciki ba. Wanda kuma ya gaishe ki ta baya, kada ki amsa."

Suka ratsa ta wata 'yar ƙofa tsakanin duwatsun da ke kewaye da tsibirin, ruwa na juyawa yana gurnani, masaki na rawa. Gwamma ta riƙe bakinsa tana salati. Ko'ina haƙarƙarin tsofaffin jirage ne sun yi tsatsa da gansakuka.

"Waɗannan fa?"

"Tarihinmu ke nan a kwance. Da can mu kaɗai ne a nan, aljanu, kuma ba mu da magana sai kaɗan, ba ta isa ko faɗa mai daɗi ba. Sai wani jirgi cike da bayi ya fashe a kan dutsen can. Muka kwance su, muka ba su ƙasa da ruwa, a kan sharaɗin su ba mu kalmomi. Su ne kakannin mutanen gaɓa. Daga baya wasu sarakunan ƙetare suka turo mayaƙa su ci tsibirin. Kafin su gama kafa sansani, shugabansu ya buɗe baki zai ce a yi harbi, kalmar ta tafi. Jikokinsu na can yamma suna kwasar gishiri, mutanen kirki ne ƙwarai."

Ya sauke ta a bakin wata kasuwa. Gwamma ta taɓa ganin kasuwa, amma ba irin wannan ba. Baƙaƙe da jajaye da masu ƙaho duk suna ciniki tare, ga kwakwa, ga kifi mai fukafukai, ga wasu 'ya'yan itace da ke numfashi a cikin kwando. Yaren mutanen gaɓa kuwa gauraye ne na bakin duk wanda teku ta taɓa jefowa. Tana cikin saurare sai ta tsinci kalmar Hausa jefi-jefi, kamar wake a shinkafar marowaci. Da waɗannan 'yan kalmomi da nuni da hannu ta tambayi hanyar dutse, aka nuna mata, matambayi ai ba ya ɓata.

A bakin kasuwa wata kyakkyawar mace ta tare ta da ƙwarya cike da ruwa mai sanyi, ƙishirwa kuwa ta kama Gwamma har maƙogwaronta na ƙaiƙayi. Ta karɓa da hannu biyu, ta leƙa. Ga sama a ciki, ga reshen itace, ga tsuntsu na wucewa, fuskarta ce kawai babu. Ƙin abin da aka ba ka da mutunci abu ne mai nauyi, sai ta kai ƙwaryar kusa da baki, ta yi kamar ta kurɓa, ta mayar tana godiya. Matar ta yi murmushi da haƙora jeri biyu a sama, jeri biyu a ƙasa, ta koma cikin inuwa.

Ta shiga daji. Mutanen daji ba sa buɗe baki da magana, tun da suka gane iska na sata sai suka koma fito da leɓe kamar tsuntsaye. Daga wannan tudu a yi fito, daga wancan a amsa, har ciniki da neman aure da haka ake yi. Gwamma ba ta iya fito ba, a garinsu mace mai fito sai a ce aljanu take kira, to a nan kuma ga aljanun a gabanta. Duk wanda ta gamu da shi sai ta rusuna ta dafa ƙirji, shi ma ya dafa nasa. Da haka suka ƙetarar da ita wani kwazazzabo a kan gadar igiya, tana rarrafe, gajimare na wucewa ta ƙarƙashinta.

Ta kusa fita dajin ke nan, hanya shiru, sai ta ji murya a bayanta, Hausa tsantsa irin ta Yawuri:

"Sannu da hanya, Inna. An sha tafiya."

"Yauwa, sannu ka dai, ya mutan gi…"

Bakinta ne ya riga hankalinta. Mace ta tsufa tana amsa gaisuwa, a ce rana ɗaya ta yi shiru? Kafin ta ja mayafi iska ta faɗa bakinta, ta yi juyi, ta fita da abin da ta samu. Ta waiwaya, babu kowa sai ganye na motsi. Ta zauna ta shiga laluben kanta kamar wadda aka yanke wa lalita. Sunanta na nan, sunan garinsu na nan, wancan sunan da ba ta faɗa ma yana nan, ta yi hamdala. Amma abin nan fari da ake sa wa miya, wanda ta ce za ta sayo, ta neme shi ta rasa. Haka sunan tsuntsuwar gida mai ƙwai, da na abin da ake share tsakar gida da shi. Tsoro ya kama ta sosai, ba don kanta ba. In amsa ɗaya ta yi mata wannan ɓarna, wanda ya yi wata da watanni a nan me ya rage masa?

Ta ɗaure mayafin tam, ta hau dutse, ƙasa na ɗumi a tafin ƙafarta.

Magajiya na zaune a bakin ramin hayaƙi. Tsayinta ya kai na giginya, gashinta shi ne hayaƙin da ake hangowa daga teku. Daga wuyanta har ƙasa tsakiyoyin wuri ne, irin kuɗin zamanin da, jere a zare, kowane wuri da kalma ɗaya a cikinsa, suna ta gunaguni. Ita ba ta magana da baki. Wuri take taɓawa da yatsa, kalmar ta fito da muryar wanda aka karɓe ta daga bakinsa.

Gwamma ta zube. "Ranki ya daɗe, uwar dutse da gaɓa. Baƙuwa ce, da ƙoƙon bara."

Yatsun Magajiya suka bi zare. "Maraba da wadda ta zo daga kogi. Faɗi buƙatarki, rana na tafiya."

Gwamma ta kasa kunne. Kalmomin sun fito da muryoyi dabam-dabam, tsoho da yarinya da wani mai mura, amma "maraba" da "kogi" da "rana" muryar Ilyasu ce sak. Ta san ta kamar yunwar cikinta, don shekara da shekaru ta bayan zana take sauraronta.

"Mai wannan muryar na zo ɗauka," ta ce da ƙyar.

"Ba mu sace shi ba, teku ce ta kawo. Amma alkawarinmu da 'yan Adam tsoho ne: uwa na iya kiran ɗanta. In ya juyo, naki ne, har kalmominsa zan mayar masa. Sai dai duk abin da kika yi kira da shi ya zama na Shalanga, ba zai sake fita daga bakinki ba har ki koma ga Mahaliccinki. In ruwan teku ya dawo ya rufe fadama bai juyo ba, tsibiri zai tashi da shi. Kin yarda?"

"Na yarda, ranki ya daɗe."

Magajiya ta ɗora ta a tafin hannu, taku kaɗan sai ga su a yamma. Fadamu ne farare fat iya ganin ido, mutane birjik suna jan farin abin nan da manjagara. Labari ya riga su, 'yan kasuwa da masu fito da aljanu duk sun taru kallo. Can tsakiya ga Ilyasu, ya ba su baya, yana aikinsa a natse. Ya yi ƙiba ma, ba abin da ke damunsa, wannan kuwa shi ya fi yi wa Gwamma ciwo.

Ta dubi taron nan. Abin da ba ta yi a cikin ɗakinta ita kaɗai ba, yau za ta yi shi a bainar jama'a. Ta buɗe baki ta rufe, ta sake buɗewa. Daga nesa ruwa ya fara shigowa, siriri, yana lasar gefen fadama.

Ta runtse ido. "Ilyasu!"

Sunan ya fito da tsatsa kamar ƙofar da aka daɗe ba a buɗe ba. Ya ratsa fadama, ya wuce ta kan mai shi, ya dawo ya shige wani sabon wuri a wuyan Magajiya. Ilyasu ko gezau, manjagararsa kawai ke tafiya.

"Wannan tun tuni ya bar kunnensa," in ji Magajiya. "Abin da kowa ke faɗa shi iska ke fara ɗauka. Kuma bai taɓa jin sa da muryarki ba, ta yaya zai gane?"

Gwamma ta ce, "Ɗana!" Shi ma ya tafi. Ta ce, "Ɗan Tabawa!" Ya bi sahu. Ta kira shi da kirarin da masunta ke yi masa, ya shige wuri. Ruwa ya iso idon sawun masu aiki, wasu suka fara tattara kaya suna hawa tudu.

Nan ƙarfinta ya ƙare. Ta yi abin kunyar, kuma bai yi amfani ba. Ta juya wa fadamar baya ta zauna a kan tudu, hawaye na zuba, tana jin haushin kanta da na duk tsofaffin da suka koya mata kawaici. Ta sallama. Abu ɗaya ne ya rage a ranta: in har tafiya za a yi da shi, kada ya tafi bai ci na gida ba. Ta kwance ƙullinta, ta fito da sauran kifi, ta ajiye a gefe kan ganye. Haka take yi tun yana yaro, in ya shigo gidan daga wurin Tabawa. Ba ta kiran sa, ba ta duban sa, sai ta ajiye akushi a bakin zana ta yi magana da bango. Yanzu ma fuskarta na kallon dutse ta ce, da muryar yau da kullum:

"In da mai jin yunwa a wurin nan, ga abu nan, kada ƙuda su riga shi."

Ta ji ƙarar manjagara ta faɗi cikin ruwa.

Ba ta waiwaya ba. Ta ji takun mutum yana ratso ruwa, a hankali da farko, sannan da sauri. Ta ji an tsuguna a bayanta, an ja ganyen, an gutsuri kifi. Sai wata murya da ta daɗe ba ta yi aiki ba ta ce, ita ma da bango take magana:

"An gode wa masu gida."

Magajiya ta sunkuyo har hayaƙinta ya rufe rana.

"Muna da yaren gaɓa, muna da fiton daji, muna da namu na dutse. Wannan da mutum biyu kaɗai ke ji, ba mu san da shi ba, shi ya sa iska ba ta gan shi ba. Yanzu ya shigo hannu." Ta ɗaga wani wuri da ya fi sauran haske ta zura a zare. Sannan ta tsinke wani zaren ta watsa a kan Ilyasu, kalmominsa suka koma masa yuu, har ya yi atishawa. "Ku tafi, ruwa ya iso. Salama ga kogi da mutanensa."

Dogon Zalɓe ya kwashe su a masaki daga nan bakin fadama. Kafin su fita daga duwatsu Shalanga ya fara ja da baya, hazo ya rufe dajin, ya rufe dutsen, sai hayaƙi kaɗai ya rage. Teku ta kwanta luf, rana ta yi sanyi. Gwamma na gefe guda ta ba da baya, Ilyasu na ɗaya gefen. Zalɓe ya lanƙwaso wuya ya yi wa Ilyasu raɗa, sannan ya miƙe ya yi kamar kifi yake nema.

Can Ilyasu ya yi gyaran murya. "Yaya," don haka yake kiranta, "wai an ce kin faɗi sunana. A gaban mutane."

"Masu dogon wuya sun cika surutu."

"Ban ji ba." Ya shiga wasa da igiyar masaki. "Tun ina yaro nake cewa ko yaya zai fito a bakinki. Da ma a ce na ji, ko sau ɗaya ne."

Gwamma ta buɗe baki. Yanzu kam da za ta faɗa, ko duniya ce ta taru. Sunan na nan a ranta, harshe ne ya ƙi ɗauka, iska kawai ta fito. Ta dubi ɗan guntun kifin da ya rage a ƙullinta, ta nemi ta ce da bango abin da ta saba cewa, shi ma babu. Ba suna, ba bango, ba Tabawa. Ta zauna da kifi a hannu ba ta san ta inda za ta miƙa shi ba.

Sai ta juyo gaba ɗaya. Ta dube shi a fuska, ta daɗe tana duba. Ga hancin ubansa, ga wani tabo a gira da ba ta san ranar da ya same shi ba, ga fararen gashi sun fara keto masa a gemu. Shi ne ma ya kasa, ya sunkuyar da kai. Ta kamo hannunsa, ta buɗe tafin, ta ɗora kifin, ba ta saki ba.

"Ashe har ka yi furfura," in ji ta. "Ci."